Yaƙin da Ba a Jin Ƙarar Bindigarsa: Kutsen Intanet, Tsaron Ƙasa da Dokar Duniya

Lacca ga al'ummar gundumomin Madawa, Buza da Keita, jihar Tawa

   

Da aka sanar da batun wannan zama, wani dattijo ya tare ni ya ce, "Malam, mu da 'yan bindiga suka hana mu barci a bakin iyaka, ina ruwanmu da yaƙin kwamfuta? Wannan ai na Turawa ne." Tambayarsa tana kan hanya, kuma ita zan yi ƙoƙarin amsawa daga farkon maganata har ƙarshe.

Tsohuwa a bakin taga

Cikin azumin 2024 na shiga wani ofishin aika kuɗi a nan Madawa. A gabana akwai wata tsohuwa da ta fito daga ƙauye tun da hantsi, ta ƙulle wata 'yar takarda a bakin zanenta. Lambobin da ɗanta ya karanto ta waya daga Abijan ne wani ɗan makaranta ya rubuta mata. Ta kwance ƙullin, ta miƙa ta taga. Ma'aikacin ya duba kwamfuta, ya sake dubawa, ya ce, "Inna, sai haƙuri, rezo ya ɗauke." Ta ce, "Ɗana, kuɗin ne ba su iso ba?" Ya ce, "Sun iso, Inna, ganinsu ne ba na yi." Ta koma gindin bango ta zauna da bakin azumi har la'asar. Kuɗin gero da sukari suna nan da sunanta, amma ko dala ba ta da ikon taɓawa.

A cikin wannan azumin ne, ranar Alhamis 14 ga Maris 2024, manyan wayoyin intanet guda huɗu da ke shimfiɗe a ƙarƙashin teku suka lalace daura da gaɓar Kwaddibuwa. Ƙasashen yankinmu fiye da goma suka ji a jikinsu, har da Nijar da ba ta da ko taku ɗaya na bakin teku, domin intanet ɗinmu ta ƙasashen maƙwabta yake biyowa kafin ya iso mu. Kamfanin ɗaya daga cikin wayoyin ya ce motsin ƙasa ne a ƙarƙashin ruwa ya jawo. Tsautsayi ke nan, babu hannun abokin gaba. To, idan tsautsayi ya iya haka, ku auna abin da mai niyya zai iya, wanda ya zaɓi ranarsa, ya kuma san inda zai taɓa.

Fuskokin wannan yaƙi

Yaƙin intanet shi ne wata ƙasa, ko wata ƙungiya mai yi mata aiki, ta bi ta kwamfuta da layukan sadarwa ta cutar da wata ƙasa: ta kashe mata wuta, ta tsayar mata da banki, ta kwashe mata asirai, ko ta haɗa mutanenta faɗa. Fuskokinsa biyar ne zan kawo.

Ta farko toshe ƙofa. Ku ɗauka rijiya ɗaya ce a gari, sai wani ya turo mutum dubu ba guga ba tulu, suka cika bakinta, mai ƙishirwa ya rasa ta inda zai zura wasaki. Haka aka yi wa Estoniya, ƙasa mai mutum wajen miliyan ɗaya da dubu ɗari uku, daga 27 ga Afrilu 2007, bayan gwamnatinta ta ɗauke wani gunkin tunawa da sojan Tarayyar Sobiyet daga tsakiyar birnin Talin. Mako uku ana yi wa shafukan bankuna da ma'aikatu da jaridu ambaliyar saƙonnin banza. Estoniya ta nuna Rasha da yatsa, Rasha ta musanta, a ƙarshe ɗalibi ɗaya tak aka ci tara.

Ta biyu ɓarna. A 2010 aka gano wata muguwar manhaja mai suna Stuxnet da aka saka wa tashar nukiliyar Iran ta Natanz. Tana juya injunan tace yuraniyom fiye da ƙima har su lalace, alhali allon da ke gaban ma'aikata yana nuna musu komai lafiya lau. An ƙiyasta injuna wajen 1,000 ne suka lalace. Jaridu sun danganta aikin ga Amurka da Isra'ila, amma babu wadda ta amsa a hukumance. Sai ranar 23 ga Disamba 2015 a Yukiren, ma'aikatan kamfanin lantarki suna zaune suna kallo, kibiyar kwamfutarsu ta riƙa yawo ita kaɗai tana kashe tashoshi ɗaya bayan ɗaya. Mutum wajen 230,000 suka shiga duhu a tsakiyar hunturu.

Ta uku garkuwa da bayanai. Mu nan ba sai an fassara mana kalmar fansa ba. Ɗan kutse yakan shiga kwamfutocin asibiti ko ma'aikata ya ɗaure duk abin da ke ciki, kamar wanda ya sa wa rumbunka kwaɗo ya tafi da mabuɗi, ya ce sai ka biya. A watan Mayun 2017 manhajar WannaCry ta bazu a ƙasashe wajen 150, asibitocin Ingila suka soke ganin likita da aikin tiyata wajen 19,000. A watan Mayun 2021 aka yi wa kamfanin bututun mai na Colonial Pipeline a Amurka irin wannan, bututun ya tsaya kwanaki, gidajen mai suka ƙafe, kamfanin ya biya dalar Amurka miliyan 4.4.

Ta huɗu leƙen asiri. A watan Janairun 2018 jaridar Le Monde ta Faransa ta ba da labarin cewa shekara biyar ana kwashe bayanai cikin dare daga kwamfutocin hedikwatar Tarayyar Afirka a Adis Ababa zuwa birnin Shanghai, a ginin da Sin ta gina ta ba Afirka kyauta. Sin ta ƙaryata labarin. Ko yaya gaskiyar take, darasin ya fito: wanda ya gina maka ɗaki ya kuma ɗaura maka ƙofa, sai ka binciki mabuɗan da suka rage a aljihunsa.

Ta biyar ƙarya da aka tsara da gangan, wadda zan dawo kanta, domin ita ce ta fi kusa da aljihun kowannenmu.

Akwai wani hali na wannan makami da nake so ku riƙe: jifa ne a kasuwa. Ranar 27 ga Yuni 2017 aka saki manhajar NotPetya a Yukiren ta cikin wata manhajar lissafin haraji. Cikin sa'o'i ta tsallake iyaka ta cinye kwamfutocin kamfanoni a duniya, har da Maersk, babban kamfanin jiragen dakon kaya na teku, wanda kwantenoninsa kuke gani a bayan manyan motoci. Gwamnatin Amurka ta ƙiyasta asarar a kan dala biliyan 10. Kun san abin da ya ceci Maersk? Wata kwamfuta ɗaya a ofishinsu na Gana, wadda ɗaukewar wuta ta raba da layi kafin cutar ta iso. Daga ita aka sake tayar da komai. Ajiya ɗaya da aka keɓe ita ta fitar da kamfani sukutum, kuma wannan dabara ba ta fi ƙarfinmu ba.

Ya riga ya iso ƙofarmu

Yanzu bari mu dawo gida. Bayan sauyin mulki na 26 ga Yuli 2023, lokacin da ƙungiyar CEDEAO take maganar turo soja Nijar, wata ƙungiyar 'yan kutse mai kiran kanta Anonymous Sudan ta fito a farkon watan Agusta ta ce ta kai wa kamfanin waya na MTN a Nijeriya hari saboda matsayin gwamnatin Nijeriya a kan Nijar. Hukumar fasahar sadarwa ta Nijeriya, NITDA, ta fitar da gargaɗi ga ma'aikatu da bankuna. Na san a lokacin akwai matasanmu da suka ji daɗi, suna ganin an tare mana faɗa. Ina roƙonku ku sake tunani. Kwanaki kaɗan kafin nan ita wannan ƙungiya ta toshe shafin da 'yan Kenya ke neman fasfo da takardun hukuma. A watan Oktoban 2024 kuma hukumomin shari'ar Amurka suka tuhumi wasu 'yan Sudan biyu, wa da ƙane, da tafiyar da ita, suka ce an kai hare-hare fiye da 35,000 da kayan aikinta, har da na wani asibiti, kuma haya suke ba da su ga mai kuɗi. Wanda ke ba da hayar makami, ranar da abokin gabarka ya fi ka tayi, kai zai juyo wa. Kuma layin da aka toshe a Nijeriya, da shi ɗan'uwanka na Illela ko Sabon Birni yake kiranka.

Ta fuskar dukiya, a watan Nuwamban 2022 kamfanin bincike na Group-IB ya tona asirin wata ƙungiya mai magana da Faransanci da ya laƙaba wa suna OPERA1ER, wadda daga 2018 zuwa 2022 ta sace aƙalla dala miliyan 11 daga bankuna da kamfanonin waya, akasari a Afirka, kuma Nijar na cikin ƙasashen da aka lissafa. Hanyar shigarsu ba wata gagaruma ba ce: wasiƙar ƙarya suke aika wa ma'aikaci kamar daga ofishin haraji ta fito, ya buɗe, su shige. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. A 2023 'yan sandan duniya na Interpol suka sanar da kama wanda ake zargin jigonsu ne a Kwaddibuwa.

Ta fuskar ƙarya kuwa, a watan Disamban 2020 kamfanin Facebook ya rufe tarin shafukan bogi, wasu ya danganta su ga mutane masu alaƙa da sojan Faransa, wasu ga 'yan Rasha. Suna shiga rigar 'yan Afirka suna musayar zargi da sunanmu, kuma Nijar na cikin ƙasashen da aka ambata. Manyan ƙasashe suna kokawa, kunnuwanmu ne fagen. A yankinmu makamin ya fi kaifi ta saƙon murya na WhatsApp, domin ba ya bukatar karatu. Murya ɗaya da ba a san mai ita ba ta ce an ga 'yan bindiga a gari kaza, ko ta ce 'yan ƙabila kaza ne ke kai musu abinci, ta isa ta watse kasuwa, ta isa ta sa a far wa makiyayin da bai ji ba bai gani ba. A ƙasa irin tamu, inda Bahaushe da Buzu da Bafillace suke shan rijiya ɗaya, wanda ya raba mu ya ci mu da yaƙi bai harba ko harsashi ba.

Ku dubi kuma abubuwan da rayuwarmu ta rataya a kansu. Wutar da jihohin Damagaram da Maraɗi da Tawa suka daɗe suna sha, kaso mai yawa ta layin Katsina zuwa Gazawa take shigowa. Da Nijeriya ta yanke ta a watan Agustan 2023 saboda takunkumi, kowa ya ga abin da ya sami mai walda da mai injin niƙa da mai sayar da ƙanƙara, har da firjin allurar rigakafi a asibiti. Wancan da hannu aka kashe, amma abin da ya faru a Yukiren ya nuna ana iya yin irinsa daga nesa. Ga bututun mai na kusan kilomita 2,000 daga Agadem zuwa gaɓar Benin, wanda ya ratsa jiharmu, kuma na'urori ne ke lura da tafiyar man da ke cikinsa. Ga albasar kwarin Tarka, ta Sabon Gida da Tunfafi, da ta Tamaske: farashin Abijan da Akara ta waya ake jinsa, direba ta waya ake bibiyarsa, kuɗin ciniki ta ofisoshin aika kuɗi na Nita ko Amana ko Al Izza suke dawowa. Albasa kuwa ba ta jiran rezo ya dawo, ruɓewa take yi. Ga dubban gidaje a yankinmu na Adar da tukunyarsu ba ta hawa wuta sai 'yan bida sun aiko daga Libiya ko Aljeriya ko Kamaru.

Wannan shi ne amsata ga dattijon da ya tare ni. Tsaron ƙasa a yau ya haɗa da sojan da ke gadin iyaka a garin Bangi, ya kuma haɗa da layin da ya kawo wa tsohuwar nan kuɗinta.

Me dokar duniya ta ce?

Nijar ƙasa ce da ta san darajar dokar ƙasa da ƙasa. Sau biyu muna kai rikicin iyaka gaban Kotun Duniya ta birnin Heg: da Benin a kan tsibirin Lete, aka yanke hukunci a 2005, da Burkina Faso, aka yanke a 2013. Ƙasar da ba ta da jiragen yaƙi ɗari, doka ce garkuwarta. To wannan garkuwar ta rufe mu a fagen intanet?

A 2013 kwamitin ƙwararru na Majalisar Ɗinkin Duniya ya amince cewa dokar duniya, musamman Kundin Majalisar, tana aiki a wannan fage. A 2015 aka ƙara da ƙa'idoji goma sha ɗaya na kyakkyawan hali, cikinsu har da cewa kada ƙasa ta lalata wa wata muhimman kayan more rayuwa, kada kuma ta taɓa ma'aikatan agajin gaggawa na kwamfuta. Sai dai ƙa'idojin na ganin dama ne, ba su da dogari. Ranar 29 ga Yuni 2021 Kwamitin Sulhu ya yi zamansa na farko a hukumance a kan batun, Estoniya na shugabanci, Nijar kuma tana ɗaya daga cikin ƙasashe goma sha biyar da ke zaune a teburin. Ƙulli uku ne har yanzu ba a kwance ba.

Ƙulli na farko: yaushe kutse yake zama yaƙi? Sashe na 2, sakin layi na 4 na Kundin ya hana amfani da ƙarfi a kan wata ƙasa, sashe na 51 ya ba wadda aka kai wa hari da makami damar kare kanta. Masanan da suka rubuta littafin da ake kira Jagoran Talin, wanda ya fito a 2013 aka faɗaɗa shi a 2017, sun ce a auna da girman ɓarna: idan kutse ya kashe rai ko ya rushe abu kamar yadda bam zai yi, hukuncinsu ɗaya. To idan an tsayar da bankuna da ofisoshin aika kuɗi na wata guda, ba jini ba gini, amma yunwa ta shiga gidaje fa? A nan ƙasashe suka rabu. Ko a kan diyauci ba a daidaita ba: Faransa ta ce kutsen wata ƙasa cikin kwamfutocinta keta diyauci ne, Ingila ta ce ba ta ga doka mai zaman kanta da ta faɗi haka ba.

Ƙulli na biyu: wa ya yi? Ɓarawon shanu yana barin sawu. Ɗan kutse kuwa yana zaune a wata nahiya, ya ari kwamfutar wani bawan Allah a wata ƙasa ta uku, ya yi aika-aikarsa da ita. Ko an gano shi, sai an tabbatar da cewa gwamnatinsa ce ta sa shi ko take juya shi kafin a ɗora mata laifi. Ƙasashe ƙalilan ne ke da ƙwararrun da za su iya bin wannan sawu, ma'ana mai ƙarfi shi ne mai ƙara, shi ne kuma mai shaida. Akwai dai wata tsohuwar ƙa'ida da ke taimakon raunana. A 1949, a shari'ar mashigin ruwan Korfu tsakanin Ingila da Albaniya, Kotun Duniya ta ce ƙasa ba ta da damar ta bari, tana sane, a yi amfani da yankinta a cuci wata. Abin da muka sani ne a gargajiyance: mai gari yana da alhakin ɓarawon da ya san yana kwana a garinsa. Ƙa'idar kuwa kaifi biyu gare ta, mu ma tana hawa kanmu.

Ƙulli na uku: kare farar hula. Yarjejeniyoyin Janeba na 1949 da ƙarin da aka yi musu a 1977 sun wajabta bambanta soja da talaka. Sashe na 54 na ƙari na farko ya hana taɓa abin da jama'a ba sa rayuwa sai da shi, ya ambaci abinci da gonaki da dabbobi da ruwan sha da kayan ban ruwa. Malamanmu sun san wannan tun kafin Janeba, domin Sayyidina Abubakar, Allah ya ƙara masa yarda, ya yi wa rundunarsa wasiyya da kada su kashe mata da yara da tsofaffi, kada su sare itace mai 'ya'ya, kada su halaka dabba sai don ci. Tambayar zamaninmu ita ce: rajistar marasa lafiya a asibiti, ko jerin sunayen 'yan gudun hijirar da ke karɓar abinci a Bangi, suna cikin abin da aka hana taɓawa? Wasu masana sun ce bayanai ba abu ba ne da hannu ke taɓawa, don haka dokar ba ta ambace su ba. Ni ina tare da masu cewa wanda ya goge sunan mai yunwa daga jerin rabon abinci daidai yake da wanda ya ƙone buhun. Abin ba tatsuniya ba ne: a watan Janairun 2022 ƙungiyar Red Cross ta duniya ta sanar an kutsa rumbunta an taɓa bayanan mutum fiye da 515,000, waɗanda yaƙi da hijira suka raba da danginsu.

Afirka ba ta yi shiru ba. Yarjejeniyar Malabo ta 2014 a kan tsaron intanet da kare bayanan mutane ta fara aiki ranar 8 ga Yuni 2023, kuma Nijar na cikin ƙasashe goma sha biyar na farko da suka tabbatar da ita. A farkon 2024 Tarayyar Afirka ta fitar da matsaya ɗaya, wadda ta ce kutsen wata ƙasa cikin kwamfutocin wata ba da izini ba keta diyauci ne. An yi wannan ne lokacin da aka dakatar da kujerarmu a Tarayyar. Shi ya sa nake kira ga hukumominmu da na ƙawancen AES, wanda muke ciki da Mali da Burkina Faso, su rubuta tasu matsayar su kai Majalisar Ɗinkin Duniya. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Babu wanda zai tsaya ya ce layin aika kuɗin 'yan bida abu ne da jama'a ba sa rayuwa sai da shi, in ba mu ba.

Dokarmu ta gida

Muna da dokar hukunta laifukan intanet ta 3 ga Yuli 2019, muna da hukumar kare bayanan jama'a, HAPDP, da hukumar ANSI mai kula da zamanantar da ayyukan gwamnati. A 2022 an cire hukuncin ɗauri a kan zagi da ɓata suna ta intanet, a watan Yunin 2024 aka mayar da shi. Ina faɗin ra'ayina da girmamawa a gaban shugabanni: wajibi ne alƙali ya bambanta mai shirya ƙarya don a zubar da jini da talakan da ke kukan rashin ruwa ko magani. Idan jama'a suka ji tsoron faɗin gaskiya a fili, sai su koma raɗa, raɗa kuwa ita ce gonar ji-ta-ji-ta.

Haka batun rufe layi. Mun ɗanɗana kwana goma babu intanet a salula daga 24 ga Fabrairu 2021, bayan zaɓe. Maƙwabtanmu na Zamfara da ƙananan hukumomi 14 na Sakkwato an rufe musu waya a watan Satumban wannan shekarar don a toshe wa 'yan bindiga hanya, sai jaridun Nijeriya suka ruwaito cewa a bakin iyaka da layukan Nijar aka koma kira. Iskar waya ba ta san turken iyaka ba. Duk abin da za a yi a kan tsaron Bangi da Sabon Birni, sai hukumomin ɓangarorin biyu sun yi magana da juna, ko da siyasa ta yi tsami.

Darasin Keita da Magiya

Wani zai ce, mu da ko wuta ba ta ishe mu ba, ina mu ina kare kanmu daga ƙasashe masu rundunar 'yan kutse? Ga mutanen Keita a zaune, su ba da amsa. Bayan farin 1984 tuddan Adar sun zama ƙeƙasasshen dutse, ruwan sama na zuwa ya kwashe ƙasa ya wuce. Aikin raya karkara na Keita, da taimakon Italiya da hukumar FAO, bai hana ruwa sauka ba. Jera duwatsu aka yi, aka haƙa ramuka, aka yi madatsai, aka dasa miliyoyin itatuwa, kuma iyayenmu mata ne suka ɗauki mafi yawan duwatsun nan a ka. A kwarin Magiya na ƙasar Buza, tun 1975 aka fara dasa layukan dogon yaro don karya ƙarfin iska. Dutse ɗaya ba ya tare kwazazzabo, itace ɗaya ba ya tare hunturu, amma layi bayan layi sai ga gero ya tsaya. Tsaron intanet haka ake gina shi.

Layin farko na hukuma ne. A lissafa abubuwan da ƙasa ba ta iya kwana ba su: wuta, ruwa, waya, baitulmali, bututun mai, asibiti. A tilasta wa masu riƙe da su ajiye kwafin bayanansu a wurin da ba ya haɗe da layi, kamar kwamfutar nan ta Gana. A yawaita hanyoyin da intanet da wuta ke shigo mana, a ƙarfafa irin tashar hasken rana ta Malbaza, domin zanen aro ba ya rufe katara. A kafa rundunar ƙwararru mai amsa kira dare da rana, a horar da 'ya'yanmu a Jami'ar Djibo Hamani ta Tawa, a kuma biya su abin da zai zaunar da su gida.

Layi na biyu na ma'aikatun gunduma da ofisoshin magajin gari da asibitoci ne. Kada a jefar da rajistar takarda don an sami kwamfuta. Kowane ofishi ya san yadda zai yi aiki mako guda babu rezo, ya kuma gwada tun kafin ranar, domin ba a fafe gora ranar tafiya. Ma'aikaci kada ya buɗe wasiƙar da bai san mafarinta ba, kada ya aika takardar sirri ta WhatsApp.

Layi na uku na 'yan kasuwa da iyalan 'yan bida ne. Lambar sirrinka mabuɗin rumbunka ce. Duk wanda ya kira ya ce daga kamfani yake, ka karanto masa lambar da ta shigo wayarka, ɓarawo ne, ka kashe wayar.

Layi na huɗu na sarakuna da limamai da gidajen rediyon karkara ne. Alƙur'ani a cikin Suratul Hujurati ya umarce mu da bincika labari kafin mu yi aiki da shi, don kada mu cuci mutane cikin jahilci mu dawo muna nadama. A faɗe shi a huɗuba da misalin saƙon murya. Kowane gari ya san mutum biyu ko uku amintattu da za a kira a tabbatar da labari kafin a buga kuge.

Ku kuma matasa, ku ne kuke riƙe wa iyayenmu waya, ku ke karanta musu saƙo. Duk saƙon da ya zo yana tafasa jini, ku tambayi kanku abu uku kafin ku tura: wa ya faɗa, yaushe aka ɗauka, wa zai ci riba idan muka yi faɗa? Mai basirar kwamfuta a cikinku ya sani cewa ƙasarsa tana neman mai gadi, kuma wanda ya shiga kutse da sunan kishin ƙasa yana jawo wa asibitin garinsu ramuwar da ba shi zai ɗauka ba.

Tsohuwar da na ba ku labari ta karɓi kuɗinta washegari, bayan ta sake biyan kabu-kabu zuwa da dawowa daga cikin abin da aka aiko mata. Kwana ɗaya ne, kuma ba da gangan aka yi mata ba. Aikin da ke gabanmu, daga fadar gwamnati a Yamai har zuwa yaron da ya rubuta mata lambobi, shi ne mu tabbatar babu wani mai mugun nufi, a kusa ko a nesa, da zai iya zaunar da ita a gindin bangon nan wata guda.

Allah ya tsare ƙasarmu da maƙwabtanmu, ya ba shugabanninmu basira da adalci, ya ba mu damina mai albarka.